Hadarin Gabas: Daga Garo Zuwa Bakin Teku

Duk manomin da ke Garo ko Kabo ko Gwarzo ya san ta inda hadari yake haɗowa. Gabas ake duba. In ta yi baƙi ƙirin da la'asar, iska ta ɗauke cak, gumi ya ƙaru, sai mata su hau kwashe shanya, a kama awaki a ɗaure, a tura yara su kira na gona. Can sai iska ta taso da ƙura ta yi gaba da duk abin da ba a danne ba, sannan ruwa ya kece. Bayan awa ɗaya ko biyu gari ya washe, mu ce hadari ya wuce. Yamma ya nufa, kuma tafiyar da ke gabansa ta fi yadda muke zato nisa.

Masana yanayi sun gano cewa da damina akwai wani motsin iska da yake tasowa daga wajen Habasha da Sudan, ya ratso Chadi, ya bi ta kan Nijar da arewacin Najeriya, ya wuce Mali, ya faɗa Tekun Atilantika ta gaɓar Senegal da Gini. Duk bayan kwana 3 zuwa 5 wani yakan biyo sawun wani, kuma tare da shi ne manyan hadura suke tafiya. Yawancinsu a hanya suke mutuwa. Amma a watannin Agusta da Satumba, wani yakan isa teku ya tarar da ruwan ya yi ɗumi, ya haura maki 26 a ma'aunin zafi. Sai tururi ya riƙa tashi sama yana zama gajimare, iskar gefe ta riƙa kwararowa tana cike gurbinsa, juyawar duniya kuma ta sa abin ya fara kewaya. In gudun iskar ya kai kilomita 119 a awa, ta zama abin da muke ji a rediyo ana kira mahaukaciyar guguwa. An kasa ƙarfinta hawa biyar, hawa na biyar yana farawa daga kilomita 252 a awa. Faɗinta yakan kai kilomita 500, wajen ninki biyu ke nan na tazarar Kano da Kaduna.

Mafi yawan guguwar Atilantika masu tsananin ƙarfi daga wannan iska tamu ta Afirka ta Yamma suke samo tushe. Guguwar Irma, wadda ta haɗu kusa da tsibiran Cape Verde a ƙarshen Agustan 2017, haka ta faro. Da ta isa tsibirin Barbuda ta lalata kusan duk gine-ginen da ke cikinsa, sai da aka kwashe mutanen tsibirin kaf aka kai su Antigua.

Irin wannan guguwa ba za ta zo Garo ba. Da ruwan teku mai ɗumi take rayuwa, da zarar ta hau tudu sai ta fara raguwa, mu kuwa tsakaninmu da teku ya fi kilomita 700. To me ya kawo ta cikin littafinmu? Dalili shi ne, abubuwan da suke cin rayuka a bakin teku su ne dai suke cin namu duk damina: ruwan da ya fi ƙarfin abin da aka tare shi da shi, ginin da ba a kula da shi ba, da gargaɗin da bai iso ƙofar gida a kan kari ba. Mutanen gaɓa sun biya wannan ilimi da tsada ƙwarai. Mu a kyauta muka same shi.

Abin da take yi wa mutanen gaɓa

Iska ce aka fi gani a hotuna, amma ruwa ya fi kisa. Guguwar tana ingiza ruwan teku a gabanta, ya tashi ya haura gaɓa ya shiga gari. A ranar 29 ga Agustan 2005, da guguwar Katrina ta faɗa kudancin ƙasar Amurka, ruwan ya tashi fiye da mita 8 a wani sashe na gaɓar jihar Mississippi. Jiragen masunta da tarunsu sukan tafi, ruwan gishiri ya shiga rijiyoyi da gonaki, ƙasa ta daɗe ba ta yi amfani ba.

Birnin New Orleans yawancinsa a kwari yake, an kewaye shi da katangu da ganuwar ƙasa don tare ruwa. Ranar Katrina waɗannan katangu suka fashe a wurare fiye da 50, ruwa ya shanye kashi 80 cikin 100 na birnin. Fiye da mutum 1,300 suka rasa rayukansu a yankin baki ɗaya. Kuma fa an ga tahowar guguwar tun da kwanaki, domin ƙasar tana da taurarin ɗan'adam da jiragen sama masu bibiyarta. Sai dai umarnin kowa ya bar gari bai fito ba sai ana gobe za ta iso, kuma an tsara fitar ne a kan cewa kowa zai shiga motarsa. Wajen gida ɗaya cikin huɗu a birnin ba su da mota. Talaka da tsoho da majinyaci su aka bari a baya. Dubbai suka tattaru a babban filin wasa na Superdome, suka yi kwanaki cikin zafi da ƙazanta da ƙarancin abinci kafin motocin kwashe su su iso. Da aka bincika gawawwaki a jihar Louisiana, inda birnin yake, kusan rabinsu 'yan shekara 75 ne zuwa sama. Ƙasa mafi dukiya a duniya ke nan.

Yanzu mu dubi ƙasar talakawa irinmu, ta Musulmi, mai manoma da masunta. A watan Nuwamban 1970 guguwar Bhola ta afka wa yankin da ya zama Bangaladash, ta kashe aƙalla mutum 300,000 a dare ɗaya. A Afrilun 1991 wata ta kashe wajen 138,000. Ƙasar sai ta zuba ƙarfinta a kan mutane. Tun 1972 aka kafa shirin 'yan sa-kai tare da ƙungiyar agaji ta Red Crescent. Kowane ƙauye yana da mutanensa da aka horar, masu lasifikar hannu da tutoci da tocilan. In labari ya zo daga hukumar yanayi, su ne suke bi lungu-lungu, a ƙafa ko a keke, suna cewa a fito. An kuma gina dubban mafaka na kankare a kan dogayen ginshiƙai, waɗanda a sauran ranaku makarantun firamare ne, don haka kowane yaro ya san hanyar zuwa.

Abu biyu suka lura da su da ya kamata mu tsaya a kansu. Na farko, a 1991 mata sun fi maza mutuwa nesa ba kusa ba. Da yawa suna cikin gida, maigida yana kasuwa ko yana kan ruwa, shelar ba ta kai gare su ba, ko ta kai amma ba su ga damar fita ba izini ba. Sai aka shigar da mata cikin 'yan sa-kai, yau suna da fiye da mutum 70,000, rabinsu mata ne, masu shiga har tsakar gida. Na biyu, mutum ba ya yarda ya gudu ya bar saniyarsa. Sai aka riƙa tara ƙasa ana yin tuddai na musamman inda ake kai dabbobi. A 2007 guguwar Sidr, mai ƙarfi ƙwarai, ta kashe wajen mutum 3,400 a ƙididdigar gwamnati. A 2020, kafin guguwar Amphan ta iso, an kwashe fiye da mutum miliyan 2, waɗanda suka mutu a ƙasar kuwa 'yan gommai ne. Guguwar ba ta rage hauka ba ko kaɗan.

Namu ruwan

Yammacin Kano ƙasar madatsun ruwa ce. Tun zamanin Gwamna Audu Baƙo, wanda ya mulki jihar daga 1967 zuwa 1975, aka shiga datse koguna don noman rani da ruwan sha. Madatsar Tiga ta kammala a 1974. A nan kusa da mu akwai Guzuguzu da Magaga da Pada, ga Watari a Bagwai, ga kuma babbar madatsar Challawa a Ƙaraye da aka gama a 1992. Albarkarsu ba ta ɓoyuwa: tumatir da albasa da kifi da ruwan dabbobi. Amma yawancinsu tulin ƙasa ne aka danne, kuma da yawa sun doshi shekara 50 ko sun haura. Madatsar ƙasa tana tsufa. Yashi da laka suna cike cikinta, sai ta daina ɗaukar ruwan da aka gina ta dominsa. Saiwar bishiya da ramukan gara da na ɓeraye suna huda jikinta. Mafitar da aka yi don rarar ruwa takan toshe da ciyawa.

Dattawan da ke cikin ajin nan za su tuna watan Agustan 1988, lokacin da madatsar Bagauda ta ɓalle bayan ruwa mai yawa, ta tafi da rayuka da gidaje da gonaki da hanya. A daren 10 ga Satumban 2023, guguwar Daniyel ta zubar da ruwa a kan duwatsun gabashin Libiya, madatsu biyu da ke saman birnin Darna suka fashe ɗaya bayan ɗaya cikin dare, ruwa ya share unguwanni ya zuba su cikin Bahar Rum. An tabbatar da mutuwar fiye da mutum 4,000, wasu dubbai ba a gan su ba. Madatsun tun shekarun 1970 aka gina su, an san suna da tsaga, an yi ta gargaɗi, ba a gyara ba. Shekara guda cif bayan haka, a 10 ga Satumban 2024, madatsar Alau ta ɓalle, kogin Ngadda ya shiga Maiduguri, ya raba dubban ɗaruruwan mutane da gidajensu, ya shiga har asibitin koyarwa. Ita Alau ta taɓa yin haka a 1994. In gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa.

Mai noman rani da masunci da makiyayi su ne suke ganin madatsa kullum, sun fi injiniyan da yake zuwa jefi-jefi sanin halin da take ciki. In ka ga ruwa yana tsattsafowa ta bayan madatsa, musamman in mai laka ne ba garau ba, to ƙasar cikinta ce yake ɗebowa. Haka in ka ga tsaga a samanta, ko wani gefe ya zauna, ko rami ya buɗe. Wannan ba maganar da za a bari sai ranar kasuwa ba ce. A gaya wa mai unguwa da dagaci a ranar, su kai wa hakimi da ƙaramar hukuma, a kuma rubuta a takarda a riƙe kwafi. Kada mu manta ruwan da ya bar wurinmu yana bin Challawa ya haɗu da kogin Kano, ya gangara Wudil da Ringim da Haɗeja. Sakacinmu a nan, wasu ne za su kwana a kan tudu saboda shi.

Ko ba madatsa, ruwan dare ɗaya ya isa. A Jibiya, cikin Yulin 2018, an sheƙa ruwa da daddare, kogi ya cika ya shiga gari, fiye da mutum 40 suka rasu. A Mokwa ta jihar Neja, a ƙarshen Mayun 2025, sun haura 150. Duka biyun mutane suna barci ne. A 2012 ambaliya ta kashe mutum 363 a Najeriya ta raba fiye da miliyan 2 da muhallinsu, a 2022 kuma mamatan sun haura 600, maƙwabciyarmu Jigawa tana cikin jihohin da abin ya fi yi wa ɓarna.

Mu yi ɗan lissafi, don mu san nauyin abin da muke magana a kai. In aka ce an yi ruwa milimita 1, ana nufin lita 1 ta zuba a kan kowane fili mai mita ɗaya tsawo, mita ɗaya faɗi. Ruwa mai ƙarfi na dare ɗaya yakan kai milimita 50. Gidan da faɗin rufinsa da tsakar gidansa mita 10 ne sau 10, ya karɓi lita 5,000 ke nan, wato jarka 200 mai cin lita 25. Gona hekta ɗaya ta karɓi lita 500,000. Ruwan nan dole ya sami inda za shi. Kakanninmu da suka haƙi ƙasar gini suka bar kududdufi a gefen gari, nan ne masaukinsa. Yau ana cike kududdufi da shara a yanka filoti, a gina shago a kan hanyar ruwa, leda ta toshe kwalbati. Ruwa kuwa ba ya mance hanyarsa, ko an shekara 20 bai bi ba.

Gida da rufi

A ƙauyukanmu abin da ya fi cin rai shi ne katanga. Marka ta watan Agusta takan yi kwana biyu ko uku tana zuba, ginin ƙasa ya jiƙa tun daga tushe, ya yi nauyi, cikin dare ya zauna a kan masu barci, galibi yara da tsofaffi. A da, yaɓe kafin damina farilla ce a kowane gida: a shafe katanga, a sa makuba, a gyara indararo don ya jefa ruwa nesa da gindin gini, a duba azara ko gara ta ci. Yanzu wasu sun ɗauka in an shafa siminti a kan jar ƙasa an huta. Siminti da ƙasa ba sa riƙe juna sosai. In ya tsage, ruwa ya shiga ta baya ya rasa mafita, ginin ya riƙa narkewa daga ciki alhali fuskarsa tana sheƙi. Ka ƙwanƙwasa shafen, in ka ji yana amo kamar ba komai a bayansa, ya rabu da katanga. Ɗakin da ya tsage daga sama zuwa ƙasa, ko gindinsa ya jiƙe ya fara marmashewa, ba a kwana a cikinsa da marka, ko da za a cunkushe a zaure.

Rufin kwano kuma iskar farkon damina ce abokiyar gabarsa. In gudun iska ya ninka sau biyu, ƙarfin da take dukan abu da shi sau huɗu yake ninkawa. Kuma in ta bi ta saman rufi tsotsarsa take yi sama, shi ya sa ake ganin kwano da katako sun tashi tare sun faɗa gonar wani. Dutse da tsohuwar taya da muke ɗorawa taimakonsu kaɗan ne, kuma in sun faɗo su ma makami ne. Maganin yana wajen kafinta tun ranar aiki: a ɗaure katakon rufi da waya mai kauri ko rodi da aka binne cikin gini, a yawaita ƙusa a gefuna da kusurwoyi domin ta nan iska take fara ɓanɓara, kada a bar baki mai tsawo yana reto. Kuɗin wayar bai kai na kwano biyu ba. Layin darbejiya a gabas da gida yana karya ƙarfin iska, in dai ba a dasa ta dab da ɗaki ba. Abin takaici, gawo da marke da ɗorawar da suke yi wa garuruwanmu wannan aiki suna ta tafiya a buhun gawayi.

Daga rediyo zuwa ƙofar ɗaki

Gargaɗi akwai shi. Hukumar NiMet tana fitar da hasashen damina a farkon kowace shekara, har da fassarar Hausa, tana kuma ba da na 'yan kwanaki. Hukumar NIHSA tana ambata ƙananan hukumomin da take jin tsoron ambaliya a cikinsu. Rediyon Kano da Freedom da sauransu suna karantawa. Inda zaren yake tsinkewa shi ne tsakanin rediyo da matar da ke cikin ɗaki da yara huɗu da ƙarfe biyun dare. Wannan gurbin babu wata hukuma da za ta cike mana shi, kuma kayan aikin suna hannunmu: lasifikar masallaci, mai shela, 'yan sintiri da ba sa barci, 'yan acaɓa, wayar hannu. Abin da ya rage shi ne a zauna tun da rani a raba aiki, a san wa zai tayar da wa, a san wane gini ne a kan tudu da zai ɗauki jama'a, firamare ce ko Islamiyya ko masallacin Juma'a, a san inda za a kai shanu da tumaki, a san gidajen da ke da makaho ko gurgu ko mai jego ko tsohuwar da ba ta da kowa.

Ga wata magana ta musamman ga magidanta. Ka faɗa wa iyalinka yau, da bakinka, a gaban yara, cewa in ruwa ya shigo ko katanga ta tsage su fita ba sai sun jira ka ba, ka kuma nuna musu gidan da za su. Malamanmu su ma su faɗa a wa'azi. Wasu sukan ce abin da Allah ya ƙaddara ba makawa, kuma gaskiya ne. Amma Annabi Nuhu, tsira da aminci su tabbata a gare shi, a kan busasshiyar ƙasa ya sassaƙa jirgi, Annabi Yusufu kuma tun a shekarun ƙoshi ya tara hatsi.

In ruwa ya riga ya zo, kada a raina mai gudu. Wanda ya ɗan haura idon sawu yana iya kayar da babban mutum, wanda ya doshi gwiwa yana ɗaukar ƙaramar mota, balle babur. Mai dawowa daga kasuwar Gwarzo ko ta Getso da ya tarar rafi ya kawo, ya jira ya janye. A nisanci wayar lantarki da ta faɗi, kada kuma a fake ƙarƙashin bishiya tilo ana tsawa.

Bayan ruwa ya janye sai ciwo ya biyo. Masai ya cika ya haɗu da rijiya, amai da gudawa su ɓarke, bayan 'yan makonni sauro ya kawo zazzaɓi. A tafasa ruwan sha. Wanda gudawa ta kama a haɗa masa lita 1 ta tafasasshen ruwa da ƙaramin cokali 6 na sukari, a shafe ba a tula ba, da rabin ƙaramin cokali na gishiri, ya riƙa kurɓa ana kan hanyar asibiti.

Hukumar agajin gaggawa ta NEMA, wadda aka kafa a 1999, tana da ofis a Kano, jiha tana da SEMA, kuma tsarin ya tanadi kwamitin agajin gaggawa a kowace ƙaramar hukuma. Lambar gaggawa ta ƙasa ita ce 112. Sukan zo su auna ɓarna, daga baya a kawo hatsi da tabarma da bargo da gidan sauro, wani lokaci da kwano da siminti. Amma in kwalbati ta karye mota ba ta isowa, kuma wanda katanga ta danne mintoci gare shi. Maƙwabci ne zai tono shi da fartanya da shebur. Rabon kayan agaji kuwa ya dogara da sunayen da aka rubuta, kuma nan ne ake cin amanar masu rauni, a sa sunan wanda ko ɗigo bai shiga ɗakinsa ba, a manta da bazawarar da ta rasa rumbu. Ku da kuka iya rubutu yanzu, ku ne za ku hana wannan. Ku rubuta sunan maigida ko uwargida, yawan mutanen gidan, ɗaki nawa ya faɗi, dabba nawa, dami nawa, da kwanan wata. A karanta a bainar jama'a a ƙofar mai unguwa, a ɗauki hoto da waya, a ajiye kwafi a wurin liman.

Aikin aji

Ku kasu bisa unguwanni. Kowace ƙungiya ta zana taswirar unguwarta a babbar takarda, ta nuna inda ruwa yake bi in an yi mai yawa, inda yake kwanciya, kududdufin da aka cike, da ginin da ya fi kowanne tudu. Ku tambayi wanda ya fi kowa shekaru a unguwar iyakar inda ya taɓa ganin ruwa ya kai, ku sa alama a wurin.

Kowa ya auna tsawo da faɗin gidansa da taku, malami ya taimaka a mayar mita, ya lissafa jarka nawa ruwan milimita 50 zai zuba masa, ya kuma faɗi ta inda ruwan yake fita da gidan wa yake nufa.

A darasi na gaba kowace ƙungiya za ta zo da wasiƙa zuwa ga dagaci, wadda ba ta wuce layi 10 ba, tana ambata wuri ɗaya da ke bukatar aikin gayya kafin ruwan fari, da ranar da kuka tsayar, da sunayen waɗanda suka yarda za su fito.